Taura Biyu a Baki Ɗaya

To, gyara zama. Yau ba zancen takin zamani na kawo maka ba, ba kuwa na awon aya ko lissafin asusun ƙungiya ba. Labarin kaina zan ba ka, kuma ba irin wanda mutum ke son a ji ba ne. Sau uku ina ɗaukar alƙalami ina ajewa. Amma tun da na riga na faɗe shi gaban mutum ashirin da huɗu, ban ga amfanin ɓoye maka shi ba.

Ni malamin yaƙi da jahilci ne. Na yi makarantar horon malamai a Maraɗi, na koyar da yara a lakkwal shekara huɗu, sa'an nan na koma wajen manya. Ajina yana wani ƙauye tsakanin Gazawa da Agiye, tafiyar awa guda a ƙasa daga kwaltar da ta taso daga Maraɗi ta nufi Damagaram. Ka san yadda aikinmu yake. In an gama kai amfanin gona gida, an cika rumbuna, sai mu kafa rumfar kara mu jingina allo. In hadari ya fara haɗuwa gabas, sai kowa ya aje littafi ya ɗauki sungumi. Da damina malamin manya manomi ne kamar kowa. A irin wannan lokaci ne abin ya same ni, cikin shekarar 2024.

Ƙanena yana ƴar tireda tsakanin nan da Katsina. Bayan da aka buɗe iyaka cikin watan Maris na shekarar, ya koma zirga-zirgarsa. Wajen ƙarshen watan Mayu sai ya dawo da wata sabuwar ɗabi'a. Ana cin tuwo, hannunsa na hagu yana bisa waya. Ana hira, kansa yana sunkuye, yatsa yana dukan gilashi kamar kaza ta sami tsaba. Na ce masa, "Kai, lafiya?" Ya ce, "Yaya, mayinin nake yi. Katsina da Kano duk abin da ake yi ke nan. Kuɗi ne kwance."

Bari in bayyana maka abin, ko da ya wuce ka. A watan Janairu na 2024 aka fito da wani wasa mai suna Notcoin cikin Telegram, wato wata manhajar aika saƙo kamar WhatsApp. Wasan ba shi da wata dabara. Hoton tsabar kuɗi ne a fuskar waya, kowane taɓi maki ɗaya. Cikin watan Mayu masu wasan suka mai da makin nan kuɗin intanet, mutane suka sayar, wasu suka sami abin kashewa na gaske. Shi ke nan, sai ƙura ta tashi. Wani mai suna Hamster Kombat, wanda ya fito a watan Maris da hoton wata dabba mai kama da ɓera, shi ya fi kowane jan jama'a. Kafin damina ta ƙare masu shi suka ce mutum miliyan 300 suka shiga. Ka lissafa, ya ninka jama'ar Nijar duka fiye da sau goma. Sai dai irin wannan ƙidaya sunaye take ƙirgawa, ba kawuna ba. Ni shaida ne, kamar yadda za ka ji.

Irin waɗannan wasanni sun yi yawa a shekarar, kamar fara. Wanda ni na shiga ba ɗaya daga cikin biyun nan ba ne, kuma ba zan faɗi sunansa ba, don ba shi ya yi laifin ba. Ƙanena ya sa mini shi cikin waya. Na yi ta taɓawa kwana uku. Nan na gane abu biyu. Na farko, wasan yana da abin da suke kira ƙarfi. In ka taɓa ɗari kaza sai ƙarfin ya ƙare, dole ka dakata ya sake taruwa, kamar rijiyar rani da ake jira ta tsatso. Na biyu, in ka gayyato wani ya shiga ta hannunka, ana ƙara maka maki mai yawa, shi ma a ba shi. Na ce da ƙanena, "To, lokacin da rijiyar ke tsatsowa, mutum zaune zai yi?" Ya yi dariya ya ce, "Yaya, ai sai ka haƙa ta biyu."

A nan ne zancen ya zama na malamai, kuma a nan ya kama ni, don ni mutum ne mai son sanin yadda abu ke aiki. Ka ɗauki wayarka kamar gida ce mai ɗakuna. Kowace manhaja an ba ta ɗaki guda da makullinta. Cikin ɗakin take aje sunanka, da lambarka, da duk abin da ka tara. Ko sau goma ka taɓa hotonta, ɗakin nan dai za a mai da kai. Haka abin yake a kwamfuta ma. Wasanni da yawa, da zarar an buɗe su, sai su kafa wata alama cikin ƙwaƙwalwar na'urar, kamar mutum ya tuɓe takalmi a bakin ƙofa. In ka sake buɗe wasan, na biyun ya zo ya ga takalmi, sai ya san da mutum ciki, ya juya.

To, amma masu ƙera waya sun san mu. Sun san kusan kowa a nan yana da sim biyu, ɗaya na wannan kamfani ɗaya na wancan, saboda inda reso ɗin wani ya ɓace na wani yana kamawa. Tecno da Infinix da Itel, waɗanda suka cika kasuwanninmu, duk na kamfani guda ne, Transsion, da ke birnin Shenzhen na ƙasar Sin. Cikin Tecno sun sa wani abu mai suna App Twin, cikin Infinix sun kira shi XClone, Samsung kuwa nasu Dual Messenger. Aikinsu ɗaya ne. Su gina ɗaki na biyu, da nasa makulli, su zuba manhajar ciki kamar ba ta taɓa ganinka ba. Don alheri aka yi shi, domin ɗan kasuwa ya raba WhatsApp na ciniki da na iyali. Sa'an nan akwai wata dabara ta raba fuskar waya biyu, sama da ƙasa. In ka haɗa dabarun nan biyu, ga wasa sama, ga wasan nan dai ƙasa, duka suna tafiya lokaci guda. Babban yatsan dama yana dukan na sama, na hagu yana dukan na ƙasa.

Ranar da na ga abin ya tashi, wallahi na ji daɗi kamar ranar da na fara haɗa baƙi da wasali. Sai dai ɗaki na biyu ba ya zama kango. Yana son mutum. Wasan ba ya sanin fuska, lambar waya ya sani, kuma kowace lamba mutum guda ce gare shi. Na ce to ga sim ɗina na biyu. Ƙanena ya sosa ƙeya. Ashe tun ranar da ya karɓi wayata ya riga ya yi rajista da shi, ya ci ladan gayyata. Na ce na uwargida fa? Ashe ita ma ƙanenta ya riga mu. Gida duka an rabe shi ban sani ba.

Yanzu ga wurin da alƙalamina ya yi ta tsayawa.

Cikin ɗalibaina akwai wani dattijo, shekarunsa sun ba sittin baya. Baba nake ce masa, shi kuwa Malam yake ce mini, ko da yake ya girmi mahaifina. A ranin 2024 ya fara zuwa aji. Hannunsa ya saba da hauya, alli yana karyewa cikin yatsunsa, amma bai taɓa fashi ba. Kafin mu rufe ya san baƙaƙe, ya san lambobi daga sifiri zuwa tara, sai dai haɗa su ne bai kama ba tukuna. Yana da ɗa a Libiya. Yana da ƴar ƙaramar salula mai maɓallai, ta ɗaure da roba. Kowace Juma'a, in an sauko daga masallaci, sai ya biyo ta gidana ya miƙo mini ita in karanta masa abin da ya shigo.

Wata Juma'a, ana saura kwanaki a yi Babbar Salla, ya zo kamar kullum. Na karanta masa saƙon ɗansa, cewa zai aiko da kuɗin rago. Ya yi ta sa masa albarka. Wayar tana hannuna. Sai na ji bakina ya ce, "Baba, dakata kaɗan, wani saƙo zai shigo, nawa ne." Ya ce, "Haba Malam, ai wayar taka ce." Na rubuta lambarsa cikin ɗakina na biyu. Ba a jima ba salularsa ta yi ƙara, lamba biyar suka shigo. Na kwafe su, na miƙa masa abinsa. Ya yi mini godiya ya tafi. Ka ji, shi ya yi mini godiya.

Na gaya wa raina cewa ba kome ba ne. Ban taɓa kuɗinsa ba, ban rage masa kredi ba, shi ba ya Telegram, ba zai taɓa yi ba. In abin ya fashe zan saya masa buhun shinkafa. Duk wanda ya taɓa cin amana ƙarama ya san irin wannan huɗuba, mutum shi ne liman shi ne mamu.

Daga nan damina ta kankama, ni kuwa na zama mutum biyu. Kada ka ɗauka abin da sauƙi. Ido ba ya kallon wuri biyu. In na mai da hankali sama, yatsan ƙasa sai ya tsaya, ko ya bi na sama sau da ƙafa. Kowace rana wasan yana ba da ƴan ayyuka, ka kalli wannan, ka shiga wancan, ka nemo kalmar yau. Kome sau biyu nake yi. Wayata ba mai babbar ƙwaƙwalwa ba ce. In ɗakunan nan biyu suna buɗe sai ta yi zafi kamar an ciro ta daga murhu, ta riƙa sanƙarewa, wani lokaci ta rufe ɗaya ba da shawarata ba. Batir da ke kai ni kwana biyu ya koma ba ya kai la'asar.

Garinmu kuwa babu kuran. Babban layin wuta da ya taso daga Katsina a Gazawa yake sauka, daga nan ya rabu, reshe ɗaya Maraɗi, ɗaya Damagaram. Lokacin da Najeriya ta yanke wutar a watan Agusta na 2023, mutanen birni suka sha wuya har zuwa Maris na 2024 da aka maido ta. Mu ba mu ga bambanci ba, don ba a yanke wa mutum abin da ba shi da shi. Wurin mai faranti mai zuƙar rana muke kai caji, dala ashirin kowace waya. Ni sau biyu nake kaiwa a yini. Har yaron ya fara yi mini kirari in ya hango ni.

Uwargida ta zuba mini ido kwana da kwanaki. Wani dare, ina zaune bakin gado, haske yana dukan fuskata, sai ta ce, "Malam, mata ana yi musu kishiya ɗaya su yi yaji. Ni biyu aka yi mini rana guda, kuma ɗaki ɗaya muke kwana." Na yi dariya, amma ita ba ta yi ba. Gonar wakena ta baya ba ta sami maimai kan lokaci ba a shekarar. Ciyawa ta ci rabinta. Kuma ka tuna irin ruwan da aka yi a 2024. Ranar 30 ga Agusta ruwa ya kashe mutane a cikin Maraɗi, gidaje suka zube ko'ina cikin ƙasa, har gwamnati ta ɗage komawa lakkwal zuwa 28 ga Oktoba. A garinmu katangar maƙwabcina ta faɗi da dare. Na fita na taya shi kwashe kaya, gaskiya ne. Amma ina ɗauke da buhunsa a ka, raina yana wurin kalmar yau da ban shigar ba tukuna, sama da ƙasa.

Wani abu kuma da ban lura da shi ba sai daga baya. Na ƙasan nan, na fara kiransa Baba. In ƙarfinsa ya ƙare sai in ce cikin raina, "Baba ya gaji, bari ya huta." In ya tsere wa na sama da maki sai in ce, "Yau Baba ya fi ni." Shi kuwa Baban gaskiya yana can gonarsa, ko gindin gawo yana dara da tsaransa. Kowace Juma'a yana zuwa, ina karanta masa saƙo, yana godiya.

Ba ni kaɗai ba ne, ko da yake wannan ba hujja ba ce. Wani abokin aikina da ke koyarwa wajen Gidan Rumji ya ba ni labarin wani saurayi a Tsibiri da ke shimfiɗa waya shida bisa tabarma, kowace da ɗaki biyu, yana bin su da yatsu kamar mai kaɗa kalangu. Kuma abin ba a nan ya fara ba. A ƙasashen Turawa, tun da daɗewa, akwai masu buɗe wasa guda sau biyar a kwamfuta, mutum ɗaya yana tafiyar da mayaƙa biyar. Cikin wani babban wasa mai suna World of Warcraft abin ya dami jama'a, don kai ka shigo kai kaɗai, sai ka tarar da wanda shi kaɗai runduna ce. A watan Nuwamba na 2020 kamfanin Blizzard, mai wasan, ya hana amfani da manhajar da ke sa danna maɓalli guda ya isa ga dukan kwafin lokaci ɗaya.

Ni a ganina dalilin a fili yake, kuma mu nan mun fi Turawa saninsa. Abin da za a raba ƙayyadadde ne. In an kawo buhu ɗari na taimako garinku, wani ya rubuta sunansa sau biyu, ba daga sama buhunsa na biyu zai faɗo ba, daga kwanon wata gwauruwa za a rage shi. Sau nawa na tsaya gaban allo ina zagin masu wannan hali? Sau nawa, a taron malamai, na ɗaga murya bisa waɗanda ke cika rajistar aji da sunayen mutanen da ba su taɓa riƙe alli ba? Ga ni nan da rajistata mai suna biyu, malami ɗaya. Da yake cikin waya ne, ba a ganin fuskar wanda aka rage wa, sai na ɗauka babu shi.

Ranar rabo ta zo. Hamster Kombat ya yi nasa ranar 26 ga Satumba, 2024. Masu shi suka ce suna miliyan 131 ne suka cancanta, suka kuma ce sun kori fiye da miliyan 2 saboda maguɗi. Mafi yawan waɗanda suka samu, abin da ya zo hannunsu bai taka kara ya karya ba. Ƙanena ya kwana biyu ba ya magana. Namu wasan ya biyo baya kafin shekara ta ƙare. Na buɗe na sama, ga ɗan rabona. Na buɗe na ƙasa, sai na tarar an rufe shi.

Ba abin mamaki ba ne in ka yi tunani. Ɗakunan biyu ne, amma gidan ɗaya ne. Masu wasa suna iya ganin irin wayar, da hanyar da saƙo ke bi ya iso gare su, da lokacin da ake shiga da fita. Ga mutum biyu, kullum tare suke farkawa, tare suke gajiya, tare batir ɗinsu ke mutuwa, kuma ɗaya ne ya gayyato ɗaya. Ko mai gari da bai yi boko ba zai gane. Kuma ko da ba su rufe shi ba, da sauran rina a kaba, don manyan kasuwannin da ake sayar da irin kuɗin nan sai sun ga katin ɗan ƙasa, sun ga fuskar mai shi. Da sai na je na ɗauki hoton Baba. Ban san ƙaryar da zan yi masa ba ranar, amma na san na riga na fara neman ta.

Ga lissafin, tun da lissafi nake koyarwa. Caji dala arba'in a yini, kwana ɗari, jaka ashirin ke nan. Ban sa kuɗin intanet ba, ban sa waken da ciyawa ta ci ba. Abin da ƙanena ya sayar mini ya canzo daga naira bai cika jaka biyu ba. Na sayi sukari da ganyen shayi, na share wasan, na ce an wuce wurin. Ɗakin na biyu kuwa na manta da shi, yana nan cikin wayar da sunan Baba.

Rani ya zagayo, muka sake kafa rumfa. Cikin watan Fabrairu na 2025 muka iso darasin da na fi so, wato karanta saƙon waya. Wuri ne mai wuya, don kuɗinmu baki biyu gare shi. Takarda ta ce 500, baki ya ce dala ɗari. Takarda ta ce 1000, baki ya ce jaka. Sai mutum ya koyi raba abin da ya gani gida biyar kafin ya san abin da aka aiko masa. Mun yi mako guda a kai. Daga nan na shiga zancen macuta, masu bugo waya su ce ka ci kyauta, ko su ce sun yi kuskuren tura maka kuɗi, ka karanto musu lambar da ta shigo. Na rubuta bisa allo da manyan baƙaƙe: Lambar da ta shigo wayarka taka ce. Kada ka ba kowa.

Suka kwafa. Wani ya ce, "Malam, ko ɗanka?" Na ce, "Ko ɗanka." Wani mai barkwanci daga baya ya ce, "Ko Malam?" Aka fashe da dariya. Na ce, "Ko Malam." Wallahi har ga Allah ban tuna kome ba a lokacin.

Sai na ce kowa ya fito da wayarsa, ya buɗe tsofaffin saƙonni, ya zaɓi ɗaya ya karanta mana kwanan wata da lambobin da ke ciki. Baba ba ya share saƙo, don yana tsoron ya share na ɗansa. Ya yi ta danna maɓalli yana komawa baya. Da layi ya zo kansa ya miƙe tsaye, ya nesanta wayar da idonsa, ya fara. "Bakwai. Ga wata na shida. Dubu biyu da ashirin da huɗu." Aka yi masa tafi, don bara ko lamba biyu ba ya haɗawa. Ya ce rubutun ba Hausa ba ne, amma ya ga ta, da e, da la. Sa'an nan ya karanto lamba biyar, ɗaya bayan ɗaya, bai yi kuskure ko guda ba. Ya sauke wayar ya dube ni. Ya ce, "Malam, wannan ba ita ce ta ranar Juma'ar nan ba, da yaro ya ce zai aiko da kuɗin rago? Wadda ka ce taka ce?"

Rumfa ta yi tsit. Rubutuna yana bayana bisa allo. Ina iya cewa gwaji ne na yi, ko kamfanin waya ne ya aiko, kuma da sun yarda, don ni ne Malam. Na ce, "Baba, za mu yi magana bayan karatu." Ya ce, "To," ya zauna. Ban san yadda na ƙarasa darasin ba.

Bayan magariba na same shi ƙofar gidansa. Abokan dararsa sun watse, ramukan suna nan cikin rairayi, yana tattara ƴan itacensa. Na tsuguna na gaya masa kome, tun daga ƙanena har ɗaki na biyu. Ya saurara bai katse ni ba. Da na gama ya ce, "Wato da sunana ka yi wasan." Na ce, "E, Baba." Ya ce, "To, na ci ko an cinye ni?" Na ce, "Korar ka aka yi, Baba. Sun ce ka yi maguɗi." Ya yi dariya har da tari. Ya ce, "Ikon Allah. An kore ni daga wurin da ban taɓa zuwa ba."

Na ɗauka an gama. Sai ya daina dariya. Ya ce, "Sim ɗin nan, da katina aka saye shi. Da abin ya zo da bashi, ko da wani laifi, wa za a zo nema?" Na ce, "Kai, Baba." Ya jima yana juya ƴan itacen cikin hannunsa. Ya ce, "Da ka tambaye ni, da na ba ka. Mene ne lamba? Abin da ya tsaya mini, ka san ban iya karantawa ba. Da na iya, da ba ka yi ba."

Ban sami abin cewa ba. Na ciro wayata, na buɗe ɗakin na biyu, na nuna masa sunansa yadda na rubuta shi. Ya karanta shi a hankali, baƙi bayan baƙi. Na nuna masa inda ake share rajistar gaba ɗaya. Na kai yatsa, sai ya riƙe mini hannu. Ya ce, "Bari. Tawa ce." Shi ya danna. Sa'an nan ya ce, "Gobe ka gaya wa ƴan aji. Sun ji tambayata, ba su ji amsa ba."

Kashegari na faɗa musu, tsaye gaban allon da ban goge ba. Wasu suka sunkuyar da kai. Mai barkwancin nan ya buɗe baki, ya dubi Baba, ya rufe. Da aka tashi wani saurayi ya biyo ni har bakin rijiya, na ɗauka wata magana zai gaya mini. Ya matso kusa ya rage murya ya ce, "Malam, wancan ɗaki na biyun, ta ina ake buɗe shi?"

Baba bai zo aji ba kwana uku. Ran na huɗu na hango shi tafe da littafinsa cikin leda, ya zauna wurinsa na kullum, bai ce kome ba, ni ma ban ce ba. Har muka rufe bai sake fashi ba. Ran Juma'a kuma yana biyowa ta gidana in an sauko daga masallaci, mu gaisa, ya sha ruwa, ya tambayi yara. Salular tana cikin aljihunsa. Ranar nan muna zaune ta yi ƙara. Ya ciro ta, ya juya mini kafaɗa, ya kare fuskarta da tafin hannunsa, leɓunansa suna motsi. Ya daɗe a kai. Da ya gama ya mai da ita aljihu, ya ce yaro yana gaishe ni.